Masaukin Alhaji Moutari

Duk ɗan Nijar ɗin da ya sauka Greensboro ta Amirka a farkon shekarun dubu biyu da jaka ɗaya da lambar waya a aljihu, ba sai an tambaya ba, lambar Alhaji Moutari ce. Shi zai je filin jirgi ya ɗauko ka, ya ba ka tuwo, ya ba ka katifa, da safe kuma ya miƙa maka buroshin fenti. Wannan na ƙarshen ne mutane ba sa so, amma ba wanda ya taɓa tsira. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, kullum da tef ɗin awo a ƙugu, har ranar Juma'a a ƙarƙashin babbar riga. In ya shigo gidanka gaisuwa, kafin a kawo masa ruwa ya riga ya gano ƙofar da ke ƙara da pampon da ke ɗiga, kuma ba zai tafi ba sai ya faɗa maka.

A Tessaoua aka haife shi, a wani gida na bakin kasuwa. Mahaifinsa mai masauki ne. Fatake suna sauka wajensa, su ajiye kaya, su ci, su kwana, shi kuma ya tsaya musu wajen ciniki. A gidan nan ba a ce wa baƙo babu wuri. In mutane suka yi yawa sai tsohon ya sa a kwaɓa ƙasa, kafin wata kasuwar an ƙara ɗaki a jikin katanga. Ba wanda ake tambaya, don filin nasa ne. A unguwarsu girman mutum yawan takalman da ke ƙofar zaurensa ne. Da wannan Moutari ya tashi, da shi kuma ya hau jirgi, bai bar ko kaɗan a gida ba.

Ya iso Amirka a tsakiyar shekarun casa'in tare da amininsa Salifou, wanda suka yi wasan ƙasa tare. Suka fara da kamfanin haɗa kujeru, suna ɗaga katako har kafaɗa ta daina jin ciwo. Ɗakin da suke haya a Glenwood na wani tsohon Bature ne ɗan asalin ƙasar Ailan, dogo, jajir, mai tari, wanda ke da tsofaffin gidaje birjik a unguwar. 'Yan Nijar suna kiransa Mai Tsani, don ba a taɓa ganin motarsa ba tsani a kanta ba. Cutar tsohon biyu ce, gyara da siyasa. Gidan da bai lalace ba ma sai ya nemo abin da zai gyara a jikinsa, kuma duk zaɓen unguwa sai ya tsaya, duk zaɓe kuma sai ya faɗi. Moutari ya fara riƙe masa tsani ranar Asabar, a hankali ya koyi rufi, ya koyi aikin pampo, ya koyi jan wayar wuta. Da ɗan Turancinsa na lokacin rabin zancen tsohon yake ji, amma cututtukan nan biyu duka sai da ya kamu da su.

Abu ɗaya ne ya ƙi shiga kansa. Kafin tsohon ya fasa bango sai ya je ofishin gari ya nemo izini, ya zauna jiran mai dubawa. Moutari yana ganin wannan ɓata lokaci ne irin na Turawa. Ya kan ce wa Salifou, "Gidanka, gudumarka, sai kuma ka je ka roƙi wani ya bar ka ka kafa ƙusa?"

Da ƙarfin tsohon ya ƙare zai koma wajen 'yarsa, ya sayar wa Moutari gidaje uku a kan sauƙi. Daga nan ƙofa ta buɗe. Ya kawo matarsa Kouloussoum daga gida, suka sayi wani gida mai faɗin fili a Pleasant Garden, ya je ya sauke farali. Kuma a yi masa adalci, gidajen nan ya same su suna yoyo, ɓeraye suna zarya a rufi, ya mai da su wurin da mutum ba zai ji kunyar sauke baƙo ba. Bai ƙara wa kowa haya don ya yi gyara ba. Ya shuka yakuwa da kuɓewa a bayan kowane gida. Sai dai 'yan hayarsa ba su da hutu. Yau an canza taga, gobe an ɗaga dandamali, jibi Alhaji ya zo da tunanin cewa kicin ɗin ya kamata ya koma inda banɗaki yake. Wasu har addu'a suke yi Allah ya sa ya tafi Umra.

A shekarar dubu biyu da uku ciwon hanta ya kwantar da Salifou. Moutari bai bar asibitin ba sai don sallah. Wata la'asar, da jikin ya yi nauyi, Salifou ya kama hannunsa ya ce, "Moutari, ga Fourera, ga Chamsiya. Ka san takardun zamansu ba su fito ba. Kar su bar ƙarƙashin rufinka sai yarinyar nan ta gama lakwal." Moutari ya ce ya ɗauka har ta gama makarantar, Allah shaida. Ya yi kuka ranar jana'iza irin wanda maza ke ɓoyewa, shi bai ɓoye ba.

Fourera, matar marigayin, da bizar ziyara ta shigo tare da 'yarta, bizar kuma ta ƙare tun yarinyar tana firamare. Mace ce shiru-shiru, mai takatsantsan. Tana kitso a wani shago da take zuwa a ƙasa, ba ta tuƙi, ba ta sa sunanta a komai in ba dole ba. Ko motar gidan waya ta daɗe a ƙofa sai gabanta ya faɗi. Suna zaune a mafi ƙanƙantar gidajen uku, mai ɗaki biyu da tsohon garaji a baya. Chamsiya kuwa kai gare ta. In ka yi mata Hausa ta amsa da Turanci, amma malamanta ba su da zance sai nata, kuma tun tana ƙarama take cewa aikin jinya za ta karanta. Duk ƙarshen zango Moutari sai ya zo ya duba sakamakonta, ya juya takardar sama da ƙasa, ya ce, "Madalla," ya tafi yana share ido.

To, sai siyasa. Tun da aka kafa ƙungiyar 'yan Nijar, mai haɗa gudummawar suna da jana'iza da mai da gawa gida, Moutari ne shugaba, ba wanda ya taɓa ja da shi. A ƙarshen dubu biyu da shida wani matashi, Kader, ya ce zai tsaya. Ya yi karatu a jami'a, yana aikin kwamfuta, yana zaune wajen Sedgefield. Yaron ba shi da rashin kunya, amma a wani taro ya ce ƙungiya tsari take buƙata, ba alherin mutum ɗaya ba, zamanin mai masauki ya wuce. Kalmar nan ta soki Moutari a inda ba a taɓawa. Ya dawo gida bai ci abinci ba. Shi ba gwanin magana ba ne a taro, don haka ya yanke cewa da katako zai ba da amsa. Zai gina masaukin baƙi kafin zaɓe, kowa ya gani da idonsa ko zamanin ya wuce.

Fili kuwa a bayan gidan Fourera yake.

Ranar da ya zo da tef yana awon garaji, ta fito ta tsaya a bakin ƙofar kicin, ta gaishe shi. Da ta ga ya fara buga turaku ta ce, "Alhaji, da ka bar mu haka. Ni ba na son idon mutane a kan gidan nan."

"Wane ido kuma, Maman Chamsiya? Gidana ne. Ke ma za ki ji daɗi, sabuwar wayar wuta zan ja miki."

"Tsohuwar ba ta yi mana komai ba."

Ya yi dariya ya ci gaba da awonsa. A gida ma Hajiya Kouloussoum ta tambaye shi ko ya nemi permi, wato izinin gini. Ya ce permi wata da watanni ake jira, zaɓe kuma ba zai jira shi ba, ita dai ta ji da tukunyarta. Ta ce, "Alhaji, nan fa ba Tessaoua ba ce." Ya yi kunnen uwar shegu da ita.

Duk sanyin nan aka yi shi ana aiki. Samarin da ya taɓa ɗaukowa daga filin jirgi suka zo biyan alheri, wani da guduma, wani da zarto. Garaji ya zama ɗaki biyu, aka ƙara biyu a jikinsa. Ya fasa bangon kicin ɗin Fourera ya ja wuta da ruwa zuwa baya, ta yi makonni tana girki da leda a madadin bango. Kuma wallahi gini ya yi kyau. Ya sa ƙaramin pampo ƙasa-ƙasa don alwala, ya yi wurin ajiye buta, ya fitar da ɗan zaure a gaba da kanta ta takalma. Ranar da aka gama fenti ya tsaya a tsakar filin hannu a baya, ransa fes, yana jin da mahaifinsa na raye da ya sa masa albarka. Sababbin zuwa suka tare, bibbiyu a ɗaki.

Da ya yi shiru daga nan, mai yiwuwa da an yi shekaru ba wanda ya sani, don ginin ba a hango shi daga titi. Amma inda Moutari ya tashi ba a shiga sabon gini a ɓoye. Sai an sauke Alƙur'ani, an yanka rago, an kira jama'a sun sa albarka. Ya sa walimar ranar Asabar, jajibirin zaɓe, a farkon bazara. Jama'a suka zo har daga High Point. Motoci suka cika titin hagu da dama, wasu suka hau ciyawar maƙwabta, hayaƙin gashi ya turnuƙe unguwa, aka ɗaura lasifika don na waje su ji addu'a. Alhaji cikin farar shadda yana zagayawa da mutane rukuni-rukuni, yana buɗe pampo yana rufewa. Fourera tana cikin ɗakinta, labule a sake, ta ce kanta ke ciwo.

Washegari ya ci zaɓe, ci ba na wasa ba. Kader ya zo ya durƙusa ya gaishe shi, ya yi masa murna. Daga baya mutane sun yi ta cewa Kader ne ya kai ƙara. Ƙarya ne, a daina ɗaukar alhakin yaron. Wata dattijuwa ce maƙwabciya da aka toshe wa hanyar mota tun safe, ta fito ta yi roƙo cikin ladabi ba wanda ya kula ta, ta koma ta ɗaga waya.

A tsakiyar makon farar motar hukumar gari ta tsaya a ƙofa. Mai duba gine-gine ne, wani mutum mai sanyin murya. Moutari na wurin yana gyaran magudana, kuma har lokacin murnar zaɓe ba ta sake shi ba. Ya tarbi mutumin kamar baƙon da ya zo sa albarka. Shi da kansa ya zagaya da shi ɗaki-ɗaki, ya nuna masa inda ya fasa bango, ya buɗe masa akwatin wuta ya ga yadda ya haɗa gida biyu a kan layi ɗaya. Mutumin ya daɗe yana kallon akwatin, sannan ya tambayi izinin gini. Moutari ya ce ai filinsa ne, kuma ba kasuwanci yake yi ba, taimako ne.

"Su wa ke zaune a gidan gaba?"

Nan ne fa. Don ya nuna wa mutumin irin zuciyarsa, sai ya ce matar amininsa ce da ya rasu, da 'yarta marainiya, ya faɗi sunan Fourera cikakke, ya faɗi na Chamsiya, har da makarantar da take da ajin da take, wai don a san yarinyar kirki ce. Mutumin yana rubutawa. Fourera tana tsaye bayan ƙofar raga da tsintsiya a hannu, ta ji komai.

Mai dubawar bai ɗaga murya ba. Ya ce wayar nan tana iya kama wuta da mutane a ciki. Za a yanke wutar filin gaba ɗaya, ba wanda zai kwana a gaba ko a baya sai an rushe abin da aka ƙara, an sake jan waya, an dawo an duba. Za a yi zama a ofis a kan maganar, ana iya neman jin ta bakin mazauna gidan. Da ya ga yadda fuskokin samarin da ke ɗakunan baya suka canza ya ce shi ba ruwansa da takardun kowa, gini kawai yake dubawa. Gaskiya ya faɗa, amma wa zai yarda? Kafin magariba ɗakunan baya kamar an yi ruwa an ɗauke, wani ko butarsa bai tsaya ɗauka ba.

Hajiya Kouloussoum ta share ɗakin baƙi a Pleasant Garden, aka kwaso Fourera da 'yarta. Can kuwa ba bas, ba shago kusa, gidaje nesa da juna. Moutari ya ɗauki nauyin kai Chamsiya makaranta da ɗauko ta, ya ce zai riƙa kai Fourera shago, ta ce ba za ta je ba. Ta daina cin abinci sosai. Duk motar da ta rage gudu a titi sai ta miƙe tsaye. Shi kuwa ya shiga gyaran ɓarnarsa ba ji ba gani. Da hannunsa ya rushe ɗakunan, shi kaɗai, don ya ji kunyar kiran samarin da suka taya shi gini. Ya ɗauko mai aikin wuta mai lasisi, ya yi ta sintiri a ofishin da ya daɗe yana rainawa, yana zama a layi hula a hannu. Ya roƙa aka ce ba sai an kira 'yan haya ba, shi kaɗai ya isa. Ya dawo da labarin nan da gudu kamar yaro.

Fourera ta saurare shi har ya gama, sannan ta ce, "Na yi waya da yayana. Zai zo ya ɗauke mu ranar Lahadi."

"Ina?"

"Inda yake."

"Maman Chamsiya, saura wata biyu fa yarinyar nan ta gama. Gidan zai gyaru. Ba wanda ke nemanki, na rantse miki."

"Ka rantse wa Salifou ma, Alhaji."

Ba ta faɗe shi da faɗa ba, da ta yi faɗa da ya fi masa sauƙi. Ya zauna a hannun kujera, ya ce to ta bar Chamsiya wajen Hajiya ta ƙarasa, ranar da ta karɓi takardarta shi da kansa zai kai mata ita ko ina ne. Hajiya ta sa baki, ta roƙa har da hawaye. Fourera ta girgiza kai. Ta ce, "Da sunana kaɗai ka faɗa, da na bar ta. Ka faɗi nata, ka faɗi lakwal ɗinta. Shekara nawa ina ɓoyon yarinyar nan kamar ƙwai, ban taɓa bari an rubuta mu wuri ɗaya ba. Ba zan kwana a wani gari ita tana inda aka san ƙofar ajinta ba."

Ranar Lahadi da hantsi yayan ya iso da wata tsohuwar mota mai lambar wata jiha. Ya gaisa a tsaitsaye, ya ƙi zama, ya ƙi cin abinci. Moutari ya taya lodi, yana ɗaure katifa a saman mota, yana sake kwancewa yana ɗaurewa don a ƙara ɗan lokaci. Da aka gama Chamsiya ta fito da littattafan makaranta a jaka, ta miƙa masa, ta ce da Turanci, "Tonton, na makaranta ne, ka mayar musu. Ka ce wa malamar ajinmu na gode." Ya buɗe baki zai ba ta haƙuri, ta riga ta shiga mota ta juya fuska. Ya tambayi yayan garin da za su, mutumin ya dubi ƙanwarsa, ya ce in sun natsu za su kira.

Ba su kira ba. Gidan ya gyaru bayan 'yan makonni, aka duba aka ce ya yi, wasu ɗalibai suka kama haya. Moutari ya ci gaba da shugabancin ƙungiya har wasu shekaru bayan haka, sai dai ya rage magana, yawancin aikin ya bar wa Kader. Ya nemi labarinsu wajen 'yan Nijar na jihohi da dama. Wani ya ce ya ga mai kama da Chamsiya tana kitso a wani shago, wani ya ce ba ita ba ce.

Littattafan kuwa sun yi kwanaki a motarsa kafin ya iya kai su. Malamar ajin, wata mata mai furfura, ta fito da kanta da ta ji sunan yarinyar. Ta karɓi jakar, ta tambayi abin da ya faru, ya ce sun ƙaura. Ranta ya ɓaci ƙwarai. Ta ce yarinyar ta kusa cika duk abin da ake buƙata, in aka aika sakamakonta makarantar da ta koma, tana iya ƙarasawa a can ba tare da ta rasa shekarar ba. Ta jawo alƙalami ta ce ya ba ta adireshin.

Moutari ya dubi alƙalamin. Ya ce, "Ban sani ba."

"Ko garin ma? Na ɗauka kai danginsu ne."

Ya ce, "Amanarsu aka ba ni."

Matar tana riƙe da alƙalamin tana jira ya ƙara wani abu.